Mutumin da yake rubuta wa Bip Bip labari

Daren Talatar da ta wuce an ɗauke mana kuran, wato wutar lantarki, tun bayan magariba, zafin Garwa ta arewacin Kamaru kuma kun san shi a watan Afrilu, ɗaki baya shiguwa, sai muka baje tabarma a tsakar gida ni da uwargida da yara. Autata 'yar shekara shida ta lallaɓo ta karɓe min waya wai zata kalli desen anime, abin da 'yan uwanmu na Najeriya suke ce wa katun. Na saka mata Bip Bip, tsuntsun nan mai gudu kamar iska da dilan da yake binsa kullum baya kama shi. Tana ta ƙyalƙyala dariya har da buga ƙafa a ƙasa, can sai ta juyo tace min "Baba, wai wa yake gaya wa karen nan ya yi haka? Kullum sai dutse ya faɗo masa a kai." Nace mata mamana ai ba kare bane, wani irin dila ne na ƙasar Amurka. Ta koma kallonta, ni kuma tambayar ta tsaya min a rai. Da ta yi barci na mayar da hoton farko, wurin rubutun nan da yake wucewa ana kiɗa babu mai karantawa, na tsayar dashi. A wajen da aka rubuta mai labari naga suna: Michael Maltese. Na buɗe na biyu, shi ne. Na uku ma shi ne.

Shekara talatin da 'yan kai ina dariyar aikin bawan Allahn nan ban taɓa sanin sunansa ba. Mu da muka taso a unguwar Yelwa a shekarun 1990 ba kowane gida ke da tele ba, akwai wani bidiyo kulob a bayan layinmu, rumfar kwano ce aka zagaye da zana, benci huɗu ko biyar, sefa 25 ake biya, in baka dashi sai ka leƙa ta hudar zana har mai kulob ya hango idonka ya kore ka. Kafin a saka fim ɗin Indiya ko na Cana yana da wani kaset da ya sha jiki, hoton ma rawa yake, shi yake fara sawa don mutane su taru. A nan muka san ɗan tsuntsu Titi da kyanwa Grosminet, da zomon nan Bugs Bunny, da agwagwa Daffy, da ɗan gajeren nan mai jan gashin baki da masu faransanci ke ce wa Sam le pirate. Amma in Bip Bip ya fito rumfar kamar zata tashi. A benci ɗaya ga Bahaushe ga Bafulatani ga ɗan Fali ga ɗan Tupuri, wani ko lekol bai taɓa shiga ba, kuma babu mai neman tafinta don babu magana a ciki, kowa dariyarsa tana fita lokaci ɗaya da ta ɗan uwansa.

Bari in faɗi abin da yasa sunan ya dame ni. Wasu cikinku sun san ina ɗan rubuta wa samarin unguwa gajerun wasannin barkwanci da suke ɗauka da waya su saka a Facebook da TikTok. Bara na rubuta musu wani a kan mai shayi da mai cin bashi, na kwana uku ina juya shi a kaye, na yaga shafi ya fi goma kafin ya zauna. Allah ya sa ya karɓu, har daga Kusiri da Njamena aka rinƙa turo min shi a WhatsApp ana cewa kalli wannan zaka sha dariya. A ƙarshen hoton an saka sunan 'yan wasa, da mai ɗauka, da mai butik ɗin da ya ara mana wuri, nawa babu. Da na yi magana cikin lumana sai ɗaya daga cikin yaran, ba da mugun nufi ba, yace "Kawu ai barkwanci ba a rubuta shi, zuwa yake da kansa." Maganar ta min ciwo wallahi, kuma nasan ba shi kaɗai yake wannan tunanin ba. Shi yasa na zauna na bi tarihin Maltese.

An haife shi ranar 6 ga Fabrairu 1908 a New York, iyayensa 'yan ci-rani ne daga Italiya. Ba da rubutu ya fara ba. A tsakiyar shekarun 1930 ya samu shiga kamfanin Fleischer, masu yin Popeye da Betty Boop, kuma aikin da aka bashi shi ne na can ƙasa, shafa fenti a jikin wata roba garai-garai kamar gilashi da ake kwafe zane a kanta. Wani ya zana, wani ya bi da tawada, kai naka cike launi ne kar ka tsallake layi, daga safe har yamma. Kamar yaron tela ne da aka ce ya yi ta saka maɓalli. Daga baya ya tattara ya yi yamma zuwa Kalifoniya, a 1937 ya shiga wurin Leon Schlesinger, mutumin da yake yi wa Warner Bros. zanen Looney Tunes da Merrie Melodies. Can ma da cike tsakani ya fara, wato babban mai zane ya zana hannu a sama ya zana shi a ƙasa, kai ka zana duk motsin da ke tsakani. Sai daga baya aka mayar dashi sashen labari, sunansa ya fara fitowa a allo a 1941. Ma'aikatan wurin suna da wani tsohon gini na katako da suka yi wa laƙabi da abin da in ka juya shi da Hausa zai zama gidan gara, sunan kuma ya bi kamfanin har bayan sun tashi daga ciki. A irin wannan wurin aka yi abubuwan da duniya ke kallo har yau.

Akwai wani abu da ya taɓa ni. A 1940 sun yi wani fim da aka haɗa zane da mutane na gaske, inda alade Porky ya je neman aiki a wani babban kamfanin fim, mai gadi ya hana shi shiga ya fatattake shi. Mai gadin nan Maltese ne da kansa. Amma muryar da ake ji ba tasa bace, ta Mel Blanc ce, wanda yake yi wa kusan duk dabbobin murya. Ranar da fuskarsa ta fito ma, bakinsa ne ke motsi wani ke magana.

To yaya ake rubuta irin wannan labarin? Nan ne na ƙaru sosai. Ni da na ɗauka takarda ake cikawa kamar wasan rediyo, wane yace wane yace. Ashe a lokacin marubucin katun da zane yake rubutu. Ƙananan takardu yake samu, kowace ya yi mata ɗan zane na sauri, ga dila yana tura dutse, ga dutsen ya tsaya a baki, ga dila ya leƙo ƙarƙashi ya ga me ya hana shi faɗuwa, ya rubuta 'yar magana a ƙasa in akwai, sai ya bi su da fil yana kafewa a jikin wani babban allo a jere. Wannan dabarar ta allon labari a kamfanin zane na Disney ta kankama a farkon shekarun 1930, sauran suka ɗauka. Amfaninta shi ne kana tsaye kana ganin fim ɗin gaba ɗaya, in wani wuri ya yi sanyi ka cire takardar ka jefar, in dariya biyu sun yi kusa da juna har ɗaya tana danne ɗaya ka matsar. Sannan marubucin ya tsaya gaban allon da sanda a hannu ya yi wa darakta da sauran ma'aikata wasan da bakinsa da jikinsa, ya yi muryar zomo ya yi ta agwagwa.

Kuma lokaci a ƙididdige yake. Fim ɗin minti shida ne zuwa bakwai, a kowane sakan hoto 24 ke wucewa, kaga minti shida kaɗai hoto 8,640 kenan, kuma kowane motsi hannun mutum ne zai zana shi. Babu kuɗin da za a zana abu a zo a yanke a zubar kamar yadda muke yi da waya mu ɗauka sau goma mu zaɓi ɗaya. Dole tun a allo a san abin da zai bada dariya. Darakta Chuck Jones, wanda Maltese ya zama marubucinsa daga tsakiyar shekarun 1940 har 1958, ya bada labarin wani zama da suke yi in an kawo sabon labari. Daraktoci da marubuta su taru a ɗaki, kuma sharaɗin zaman shi ne babu mai cewa a'a. In shawarar wani bata maka ba, ko ka kawo wadda ta fi ta ko ka ɗora a kanta ko ka yi shiru. Duk wanda ya taɓa zama da samari ana ƙirƙirar wasa ya san darajar wannan, don mutum ɗaya mai yatsina fuska yana cewa wannan ba dariya ya isa ya kashe majalisa, mai kunya ya haɗiye abin da ke bakinsa, wataƙila kuma shi ne mai kyan.

Yanzu mu zo kan Bip Bip. Na farkonsa ya fito a Satumba 1949, na biyu sai 1952. Asali ma su biyun, Jones da Maltese, sun yi shi ne don tsokanar finafinan bi-ni-in-bi-ka da suka cika kasuwa a lokacin, irin na kyanwa da ɓera, sai mutane suka karɓe shi hannu biyu a yadda yake. A na farkon nan akwai wurin da nake so ku kalla a hankali. Dila ya ɗauko fenti ya ja farin layin tsakiyar titi ya karkatar dashi zuwa jikin wani ƙaton dutse, sannan ya zana bakin rami a jikin dutsen, irin hanyar da ake fasa dutse mota ta bi ta ciki, har da ɗan haske a can ƙarshe. Ya koma gefe ya laɓe. Kai mai kallo ka gama sanin abin da zai faru, tsuntsu zai zo ya gwabza kai. Tsuntsu ya taho a guje ya shige cikin zanen ya wuce abinsa kamar hanyar gaske. Dariya ta ɗaya kenan. Dila ya fito ya tsaya yana kallo, kuma a nan ne aikin yake, don shi ya zana abin nan da hannunsa, ya fi kowa sanin dutse ne, amma kwaɗayi yasa ya ƙaryata abin da ya sani, ya ja baya ya kwaso gudu ya maku da dutse. Ta biyu kenan. Kana cewa an gama, yana shirin sake gwadawa, sai ga tsuntsu ya fito daga cikin zanen ya bi ta kansa. Hawa uku, kowanne yana tsaye a kan na ƙasansa, in ka cire na farko na biyu ba zai yi ma'ana ba, in ka tsaya a na biyu ka bar riba a ƙasa. Wa zai ce min wannan zuwa ya yi da kansa? Mutum ne ya zauna gaban allo yana cire takarda yana mayarwa.

Abin da na lura dashi kuma, tsuntsun kusan baya yi wa dila komai. Shi dai gudunsa yake yana bip bip. Dila ne yake yin odar kaya daga kamfanin Acme, roka, nakiya, uwar maƙera, takalmin gudu, kuma kayan nasa da dabararsa su suke juyowa su cinye shi. Jones ya sha faɗin cewa suna da dokoki da suke bi a fim ɗin, kamar tsuntsu baya barin titi kuma baya cutar da dila, amma da aka tambayi Maltese daga baya yace shi bai san da wasu dokoki ba lokacin da suke aikin. Ni dai na fi karkata ga cewa mai rubutu yana jin abin a jikinsa ne tun kafin a zo a jera shi a matsayin doka, kamar yadda kakata bata taɓa cewa ga ƙa'idar tatsuniya ba amma bata taɓa barin Kura ta ci riba ba.

Maganar kakata, Allah ya jiƙanta, ita ta fara sa ni gane wani abu game da dilan nan. Wata rana ta zo gidan kawuna da ke da tele ta tarar muna kallo, ta zauna ta ɗan duba, sai tace "wannan jikin dila gare shi amma halin kura ne." Kuma gaskiyarta. A tatsuniyarmu dila shi ne malamin daji, mai wayo, ba a yi masa dabara. Kura ce mai zari da bata koyon darasi, yau Gizo ya cuce ta gobe ta sake biyo shi. Na Maltese ya haɗa biyun, yana da ilimi, yana zana taswira da lissafi, amma yunwa ta rufe masa ido. Shi yasa muke tausayinsa muna dariyarsa lokaci guda. Ƙasar da suke gudun ma bata mana baƙunta ba, duk wanda ya taɓa zuwa Rumsiki ya ga duwatsun nan da suka miƙe tsaye su kaɗai, ko ya leƙa kwazazzabon Kola kusa da Gidar lokacin rani, zai ga kamar a bayan gari aka zana.

Kar a ɗauka bebantaka kaɗai ya iya. In aka zo wasa da magana ma gwani ne. A 1951 ya rubuta wanda zomo da agwagwa suke gardama a gaban maharbi Elmer, kowa yana so a harbi ɗan uwansa. Zomo yana cewa lokacin farautar agwagwa ne, agwagwa yana cewa na zomo ne, suna ta tura bakin bindiga wa juna, da sauri da sauri. Can sai zomo ya juya ya kama faɗin maganar agwagwa, wato lokacin farautar zomo ne. Shi kuma agwagwa da yake gardamar ta riga ta hau masa kai, burinsa kawai ya saɓa wa zomo, sai ya ja bindiga wajen kansa yace na agwagwa ne, harba. Aka ɗirka masa. Duk wanda ya taɓa zama a majalisar shayi ana musun ƙwallo, ana Coton Sport kaza kaza, ya san mutumin da in ka koma bayan maganarsa sai ya tsallaka ya kama taka don dai kar a ce kun yarda da juna. Halin mutane Maltese yake kallo, dabbobin riga ce kawai ya saka musu. Sun yi irin wannan har uku, 1951 da 1952 da 1953.

Amma wanda ya fi zauna min a zuciya shi ne na kwaɗo, One Froggy Evening, da ya fito ranar ƙarshe ta 1955. Wani lebura ana rushe tsohon gini sai ya tsinci akwati a cikin harsashin ginin, an binne tun 1892. Ya buɗe, kwaɗo ya fito ya ɗauki 'yar hula da sanda ya kama waƙa da rawa da murya kamar ta babban mawaƙi. Nan take idon mutumin ya cika da kuɗi. Ya kai shi wurin dillalin 'yan wasa, kwaɗo ya zauna lakwas ya yi kukan kwaɗi. Aka koro shi, yana fita kwaɗo ya dasa waƙa. Ya kwashe ɗan abin da ya tara ya kama hayar gidan wasa, da ƙyar ya tara mutane, kwaɗo yana ta waƙa a bayan labule, kafin a ɗaga labulen ya gama ya koma kwaɗonsa. Mutumin ya tsiyace, yana kwana a benci, har gidan mahaukata aka kai shi. Ƙarshe ya lallaɓa ya jefa akwatin a harsashin wani sabon gini ya gudu. A 2056 ana rushe wannan ginin, wani ya tsinta, kwaɗo ya fito yana waƙa, shi ma idonsa ya cika da kuɗi ya sungumi akwati ya sulale. Duk fim ɗin babu ɗan Adam ɗin da aka ji maganarsa ko kalma ɗaya, kwaɗon kaɗai ake ji.

Ina yaro dariya kawai nake. Yanzu da na kalla sai jikina ya yi sanyi, don nasan mutane irin leburan nan, na ga wanda ya sayar da moto da filin gado saboda wani ya nuna masa abin da zai ninka kuɗi, shi kaɗai yake jin waƙar, duk wanda ya gaya masa kwaɗo ne sai ya zama maƙiyi. Kuma ko sau ɗaya leburan bai zauna ya saurari waƙar don daɗinta ba. An bashi abin mamaki kyauta, shi farashinsa kawai yake gani. Hausawa sun ce kwaɗayi mabuɗin wahala, to ga shi an faɗe shi cikin minti bakwai ba tare da an yi wa kowa wa'azi ba, wanda mu masu rubuta wa yara wasa shi ne ya fi gagararmu, kullum sai mun kawo wani dattijo a ƙarshe ya tsaya yana jan kunne.

Da shugabanninsu kuwa ba ko yaushe ake jituwa ba. Schlesinger ya sayar wa Warner da kamfanin a 1944 aka kawo Eddie Selzer ya zama furodusa. Jones ya bada labarin cewa wata rana suna zaune da Maltese mutumin ya leƙo yace kar ya ga an yi fim a kan wasan bijimi irin na Sifen don babu abin dariya a ciki, su da ko tunanin haka basu yi ba sai suka dubi juna suka ce lallai akwai wani abu a nan, suka yi shi da zomo a 1953. Haka ma na bodari Pépé mai warin nan da yake ganin kansa gwanin soyayya, Jones yace mai gidan bai so shi ba, amma da wanda Maltese ya rubuta a 1949 ya ci kyautar Oscar, furodusa ne ya hau ya karɓa don haka tsarin yake. Kura da shan bugu gardi da karɓar kuɗi.

Daga nan kasuwar ta fara ja baya. Wata shari'a a 1948 ta hana manyan kamfanoni tilasta wa masu gidan sinima sayen finafinai a dunƙule, gajerun finafinai suka rasa gindin zama, ga tele ta shigo gidaje. A 1953 Warner ta rufe sashen zanen na wasu watanni saboda yayin fim mai fitowa kamar a taɓa, Maltese ya je ya yi aiki wurin Walter Lantz mai Woody Woodpecker sannan ya dawo. A 1958 ya koma Hanna-Barbera, kamfanin da masu Tom da Jerry suka kafa a 1957 don yin zanen tele. Can aikin daban ne, kuɗi kaɗan, motsi kaɗan, sai magana ta ɗauki nauyin dariyar, kuma ana so da yawa da sauri. Ya rubuta Quick Draw McGraw da ya fara a 1959, ya sa hannu a Flintstones da wasunsu, a shekarun 1960 kuma ya sake haɗuwa da Jones suka yi wasu Tom da Jerry. Ya rasu ranar 22 ga Fabrairu 1981 a Los Angeles yana da shekara 73.

Bayan rasuwarsa da shekara 13, a 1994, aka tambayi masu sana'ar zane su dubu su zaɓi gajerun katun hamsin da suka fi kowanne. A cikin biyar na sama huɗu Maltese ne ya rubuta, har da na kwaɗon, na ɗaya kuma shi ma nasa ne, What's Opera, Doc? na zomo da maharbi Elmer na 1957. Amma ka tambayi ko masu son abin, Chuck Jones za su ce maka. Ban ce Jones bai cancanta ba, shi yake auna tsawon shirun da za a yi tsakanin ɓacewar dila a ƙasan kwazazzabo da ɗan ƙurar da ke tashi, shi yake zana kallon da dila ke mana kafin ya faɗi, kuma ba tare da wannan ba labarin takarda ne kawai. Hannu ɗaya baya ɗaukar jinka. Abin da nake cewa shi ne ɗayan hannun ma yana da suna.

Jiya da daddare na tara samarin nan da nake rubuta wa wasa a ƙofar gida. Na yanka kwalin sukari ƙanana ƙanana, na basu bik, na kafa zana a jikin bango, nace yau babu mai cewa a'a, in baka so ka kawo wanda ya fi. Da farko suna ta dariya suna cewa Kawu mu ba mu iya zane ba, nace ko mutum-mutumin sanda ne ku yi. Labarin mai cin bashin nan muka ɗora. Wani yace ya ɓuya cikin duro in ya hango mai shayi. Wani yace mai shayin ya zo ya zauna a kan duron yana ba wani labarin bashin. Muka kafe biyu. Aka yi shiru ana neman na uku, sai wani ƙaramin cikinsu da ban taɓa jin ya yi magana a zama ba yace a hankali, to ai mai duron zai iya zuwa da amalanke ya ɗauka don ya riga ya sayar dashi, kuma mai shayin ne ya saya. Wanda ya ce min barkwanci ba a rubuta shi, shi ya fara faɗuwa ƙasa don dariya, shi ya miƙe ya kafe kwalin da kansa.

Asabar mai zuwa in Allah ya kai mu zamu ɗauka a bakin Binuwai da sassafe kafin rana ta buɗe. Na riga na gaya wa mai haɗa hoton cewa a farko za a saka masu labari, kuma suna biyu ne, nawa da na yaron nan. Duron ne har yanzu bamu samu ba, duk mai wanda babu mai a cikinsa ya taimaka ya min magana kafin Juma'a.